Allurar Asma Mai Tsanani: Abubuwan da Ya Kamata Ka Sani

Da zarar kaka ta yi, aka fara sussukar masara da casar shinkafa a ƙasar Tudun Wada da Doguwa, hunturu kuma ya biyo baya da hazonsa, mai asma a kudancin Kano ya san watannin wahala sun kama. Ga ƙaiƙayi a masussuka, ga hayaƙin itace a madafa, ga na manyan motoci in a bakin titin Kwanar Dangora yake neman abinci, da dare kuma sanyi ya riƙe masa ƙirji. Irin wannan mutum, ranar da ya ji cewa a ƙasashen waje akwai allurar da ake yi sau ɗaya a wata, tashin ciwon ya ragu da rabi, dole ransa ya biya.

Allurar nan akwai ta, kuma tana aiki. Sai dai ba don kowane mai asma aka yi ta ba, kuma a yankinmu akwai abubuwan da suka sa gane wanda ya cancance ta ya fi wuya fiye da a Landan ko Dubai. Bari in faɗi ra'ayina tun daga farko: mafi yawan waɗanda muke cewa asmarsu ta gagari magani, maganin da ya dace ne bai taɓa isa gare su ba.

Me ke faruwa a ƙirjin mai asma?

Iska tana shiga huhu ne ta wasu ƙananan bututu masu rassa. A jikin mai asma, bangon bututun nan a kumbure yake ko a ranar da yake jin garau. In ya shaƙi abin da jikinsa ba ya so, kumburin sai ya ƙaru, naman da ya kewaye bututun ya matse, majina mai kauri ta toshe ɗan abin da ya rage na hanya. Daga nan sai tari da haki da fito a ƙirji, galibi da tsakar dare ko da asuba.

Shi ya sa maganin asma ya kasu biyu. Shuɗiyar inhelar da kowa ya sani, mai salbutamol, wadda aka fi kira Ventolin, tana sassauta naman da ya matse, mutum ya samu numfashi cikin 'yan mintuna, amma ba ta taɓa kumburin. Ɗaya inhelar, mai ɗauke da ɗan ƙaramin sitiroyid irin su beclometasone ko budesonide, ita ce ke kwantar da kumburin a hankali, kuma ita ce ke hana mutuwa. Ba a jin aikinta nan take, don haka mutane ke raina ta.

Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙiyasta cewa a 2019 mutum miliyan 262 ne ke da asma, kuma ta kashe 455,000, akasarinsu a ƙasashe masu ƙaramin ƙarfi. A Najeriya, binciken da Farfesa Obianuju Ozoh ta Jami'ar Legas da abokan aikinta suka buga a 2019, bayan sun tambayi mutum sama da 20,000, ya nuna kashi 6.4 cikin 100 suna da asma, wato kimanin mutum miliyan 13. Waɗanda likita ya taɓa gaya wa cewa asma ce kuwa kashi 2.5 ne kacal.

Wace irin allura ce wannan?

Garkuwar jikin ɗan Adam tana ƙera wasu furotin da ake kira antibodi. Kowanne da abin da aka yi shi ya kama, ba ya kama wani. A 1975, wasu masana biyu a Kambirij ta Ingila, Georges Köhler da César Milstein, suka gano yadda za a riƙa ƙera antibodi iri ɗaya tak, da yawa, a ɗakin gwaji. Aikin ya kai su ga lambar Nobel a 1984. Tun daga nan, in masana sun gano sinadarin da ke hura wata cuta a jiki, sai su ƙera antibodin da zai kama shi ya hana shi aiki. Irin waɗannan magunguna ake kira bayolojik, domin ba haɗa su ake yi da sinadarai kamar farasitamol ba. Rayayyun ƙwayoyin halitta ne ake renonsu a manyan tankuna su samar da furotin ɗin, sannan a tace shi. Tunda furotin ne, in aka haɗiye shi ciki zai narkar da shi, shi ya sa sai ta allura.

Manomi zai fi kowa gane bambancinsu da ƙwayar sitiroyid. Akwai maganin feshin da ke ƙone duk wani kore da ya taɓa, akwai kuma wanda ke kashe ciyawa ya bar masara tsaye. Prednisolone da dexamethasone na farkon ne: suna danne kumburi a huhu, amma suna danne garkuwar jiki baki ɗaya, su taɓa ƙashi da ido da sukarin jini. Allurar bayolojik ta biyun ce.

Abubuwan da take kamawa a asma kaɗan ne. Na farko shi ne IgE, wani antibodi na jiki da Kimishige Ishizaka da matarsa Teruko suka gano a Amurka a tsakiyar shekarun 1960, a daidai lokacin da wasu masana a Uppsala ta Suwidin su ma suka kai gare shi. Shi ne ke sa jiki ya yi bore in ya haɗu da ƙurar ɗaki ko kyankyaso ko gashin kyanwa. Na biyu wasu fararen ƙwayoyin jini ne masu suna eyosinofil, waɗanda ke taruwa a huhun wasu masu asma su yi ɓarna, kuma wani sinadari mai suna IL-5 ne ke kiransu yana ciyar da su. Sai IL-4 da IL-13, masu hura kumburi da yawan majina, da TSLP, wanda fatar cikin bututun iska ke saki da zarar ƙura ko hayaƙi ko ƙwayar mura ta taɓa ta.

Sunayensu da tarihinsu

Ta farko ita ce omalizumab, da ake sayarwa da sunan Xolair, wadda hukumar magunguna ta Amurka ta amince da ita a 2003. IgE take kamawa, kuma ana yin ta a ƙarƙashin fata duk mako biyu ko huɗu, gwargwadon nauyin mutum da yawan IgE a jininsa. Ta yi shekara 12 ita kaɗai a fage.

Labarin ta biyu, mepolizumab ko Nucala ta kamfanin GSK, ya cancanci a tsaya a kansa. Gwajin farko da aka buga a 2000 ya nuna tana share eyosinofil daga jini amma masu asmar ba su ji wani sauƙi ba, har aka kusa yin watsi da ita. Sai a 2009 wasu likitoci a Leicester ta Ingila da Hamilton ta Kanada suka sake gwada ta, wannan karon a kan waɗanda asmarsu ke yawan tashi kuma aka tabbatar eyosinofil ne ke cin huhunsu. Nan fa aka ga aikinta. Maganin bai canza ba, zaɓen majinyatan ne ya canza. An amince da ita a 2015, ana yin ta duk mako huɗu.

Daga nan suka yi ta fitowa. Reslizumab a 2016, ita ta jijiya ake ba da ita. Benralizumab ko Fasenra ta AstraZeneca a 2017, wadda bayan allurai uku na farko sai duk mako takwas. Dupilumab ko Dupixent, da aka fara yi don cutar ƙaiƙayin fata, aka amince da ita ga asma a 2018. Tana toshe IL-4 da IL-13, ana yin ta duk mako biyu. Sai tezepelumab ko Tezspire a ƙarshen 2021, mai kama TSLP, wadda ta bambanta da sauran domin tana taimakon har waɗanda eyosinofil ɗinsu ba shi da yawa. A 2024 kuma kamfanin GSK ya buga sakamakon gwajin wata mai suna depemokimab, da ake yi sau biyu kawai a shekara.

Wa ake yi wa?

A bakin likita, asma mai tsanani ba ita ce wadda ta fi ba da tsoro ranar da ta tashi ba. Ita ce wadda ta ƙi kwanciya duk da mutum yana shaƙar inhelar sitiroyid mai ƙarfi haɗe da mai buɗe ƙirji na dogon lokaci, kullum, yadda aka koya masa, kuma an magance sauran abubuwan da ke tayar masa da ita. Wani bincike da aka yi a Holan, aka buga a 2015, ya samu kashi 17 cikin 100 na manya masu asma ciwonsu yana wahalar da likitoci. Da aka duba waɗanda ke shan magani a kan ƙa'ida kuma sun iya riƙe inhela, sai adadin ya dawo kashi 3.6. Wannan fa a ƙasar da magani ke samuwa a kowace unguwa.

To, ɗauki wannan ma'auni ka kawo shi Kiru ko Bebeji. Mutum ya shekara goma yana fama, an kwantar da shi sau da dama, an yi masa ƙarin ruwa da aminophylline, yana da shuɗiyar inhela a aljihu da ƙwayar salbutamol a leda. Ka tambaye shi inhelar kariya, bai taɓa ganinta ba, ko an rubuta masa sau ɗaya ta ƙare bai iya sake saye ba. Ba za a ce asmar wannan bawan Allah ta gagari magani ba. Ba a fara yi masa maganin ba tukuna.

Akwai kuma waɗanda ba asmar ce ke damunsu ba. Tarin fuka yana nan da ransa a Kano, gwajin kaki da maganinsa kuma kyauta ne a asibitocin gwamnati, don haka duk mai tarin da ya wuce mako biyu, musamman da rama ko zufar dare, da wannan ya kamata a fara. Tsohuwar da ta shekara arba'in a gaban murhu tana iya samun toshewar huhu ta dindindin, wadda ta yi kama da asma amma ba ita ba ce. Mai jego da ke haki, ƙafa a kumbure, ba ta iya kwanciya sai a jingine, zuciyarta ya kamata a duba. Tun a shekarun 1970 likitoci a Zariya suka rubuta yadda ciwon zuciya na bayan haihuwa ya yawaita a ƙasar Hausa. Raba waɗannan da asma yana buƙatar hoton ƙirji da na'urar auna numfashi da ake kira sifirometa, wadda a manyan asibitoci irin na Koyarwa na Malam Aminu Kano da na Shika a Zariya aka fi samunta. Kwanar Dangora tana tsakanin biyun a kan titi ɗaya, amma ga mutumin Riruwai kowanne tafiya ce ta kuɗin mota da asarar yini.

Sai bayan an tace duk wannan ake zuwa ga gwajin jini. Ga masu kama IL-5, ana son a ga eyosinofil ya kai aƙalla 150, ko 300, a kowace maikurolita ta jini, tare da tashin ciwo akai-akai a shekarar da ta gabata. Ga omalizumab, ana auna IgE a kuma tabbatar akwai abin da jikin mutum ke yi wa bore.

Tsutsar ciki da ruwan Tiga

Nan ne zancen ya zama namu na musamman, kuma nan ne na fi so likitocinmu su tsaya.

IgE da eyosinofil ba don su wahalar da mai asma Allah ya halicce su ba. Babban aikinsu yaƙi da tsutsotsi ne. A ƙasar da tsutsar ciki ta yi ƙaranci, likita in ya ga eyosinofil ya hau a jinin mai asma, yana da hujjar cewa daga asmar ne. A ƙasarmu ba haka ba. Tun da aka gama madatsar ruwa ta Tiga a 1974, zamanin Gwamna Audu Bako, ruwanta ke ciyar da noman rani har zuwa Kadawa, ya kuma rufa wa dubban gidaje asiri. Amma ruwan da ke kwance, da magudanan da yara ke wanka manoma ke tsayawa a ciki, su ne mazaunin dodon koɗin da ke yaɗa tsargiya. Ƙara da macijin ciki da tsutsar da ke shiga ta tafin ƙafar mai tafiya ba takalmi. Duk waɗannan suna ɗaga eyosinofil da IgE, wani lokaci ɗagawa mai yawa, ko da mutum ba shi da asma ko kaɗan.

Abu uku ke biyo bayan wannan. Gwajin jinin yana iya yaudarar likita, ya ɗauka ya samu wanda allurar za ta yi wa aiki alhali tsutsa ce ta hau da lambar. Sannan jadawalin awon omalizumab yana da iyaka: ga manya a Amurka IgE kada ya wuce 700, a Turai 1,500. Mai tsutsa yana iya zarce wannan, jadawalin ya fitar da shi ko da yana cikin masu buƙata. Na ukun shi ne, in ka danne makamin da jiki ke yaƙar tsutsa da shi, me zai faru ga wanda gobe zai koma cikin fadama? Wani gwaji da aka yi a Brazil, aka buga a 2007, ya ga ɗan ƙarin kamuwa da tsutsa ga waɗanda aka yi wa omalizumab, ko da yake ba mai tsanani ba. Shi ya sa takardun da ke cikin kwalin mepolizumab da benralizumab da dupilumab da tezepelumab suka ce a fara magance tsutsa kafin a soma allurar. Manyan gwaje-gwajensu ma ba su ɗauki waɗanda aka san suna da tsutsa ba.

Wani abin kuma, 'ya'yan macijin ciki suna ratsawa ta huhu a hanyarsu ta zuwa hanji, su sa tari da fito a ƙirji na ɗan lokaci. Yaron da ke wannan hali maganin tsutsa na albendazole yake buƙata. Don haka a wannan yanki, gwajin bayan gida da na fitsari ba ƙari ba ne ga mai asma mai wuya, suna cikin aikin farko.

Me take yi, me ba ta yi?

Ga wanda aka zaɓa daidai, allurar tana rage tashin ciwo da kusan rabi. A babban gwajin tezepelumab da aka buga a 2021, wanda ya ƙunshi mutum sama da 1,000, raguwar ta kai kashi 56 cikin 100. Amfani na biyu, wanda ni na fi ba shi muhimmanci, shi ne raba mutum da ƙwayar sitiroyid ta kullum. A gwajin dupilumab na 2018, waɗanda aka yi wa allurar sun rage ƙwayar da kashi 70 cikin 100. Abin lura, waɗanda aka yi wa allurar da babu magani a cikinta su ma sun rage da kashi 42, su da suke ganin likita a kai a kai, ana bibiyar inhelarsu.

Ba ta warkar da asma. In aka daina, a mafi yawan mutane ciwon yana dawowa. Ba a yin ta don ceton wanda numfashinsa ya sarƙe yanzu, kuma ba ta maye gurbin inhela. Ana ba ta aƙalla wata huɗu kafin a yanke hukunci ko tana aiki, wasu kuma ba ta karɓarsu, sai a canza musu wata.

Illolinta galibi ƙanana ne: zafi ko kumburi a wurin allura, ciwon kai, ciwon maƙogwaro. Mai haɗarin shi ne boren jiki na gaggawa, inda maƙogwaro ke kumbura jini ya faɗi. An ƙiyasta yana samun kamar mutum 2 cikin 1,000 masu karɓar omalizumab, kuma tun 2007 Amurka ta sa gargaɗi na musamman a kwalinta. Saboda haka alluran farko a asibiti ake yin su, a zaunar da mutum ana kallonsa, da allurar adrenaline a kusa.

Kuɗi da sanyi

Lokacin da mepolizumab ta shiga kasuwar Amurka a 2015, kuɗinta na shekara dala 32,500 ne, sauran ma a nan kusa suke. In aka lissafa dala a naira 1,500, ya haura naira miliyan 48. Mafi ƙarancin albashin da gwamnatin Kano ta amince da shi a 2024 naira 71,000 ne a wata. Mai wannan albashi sai ya tara na shekara sama da 50 bai taɓa ko kwabo ba kafin ya biya allurar shekara ɗaya. A Ingila ma, inda gwamnati ke biya, sai cibiyoyin ƙwararru sun tantance mutum kafin a ba shi.

Bayan kuɗi akwai sanyi. Dole maganin ya zauna tsakanin digiri 2 zuwa 8 tun daga masana'anta, kada ya daskare, kada rana ta buge shi. Wanda zafi ya lalata ba lallai ne ido ya gane ba. Duk wanda ya san halin wutar lantarki a garuruwanmu da zafin bazara ya san abin da wannan ke nufi. Hanyar sanyin da ake ajiye allurar rigakafin yara ta nuna abin mai yiwuwa ne, amma da firij mai sola da ma'aikacin da ke duba ma'auni safe da yamma.

Farashin zai sauko. Wa'adin mallakar omalizumab ya ƙare, kuma kamfanin Celltrion na Koriya ta Kudu ya samu amincewar Turai a 2024 da ta Amurka a 2025 don sayar da makamanciyarta mai suna Omlyclo. Sai dai makamancin bayolojik ba ya arha irin yadda ƙwayoyi ke yi, domin ƙera shi ma aiki ne mai tsada.

"Allurar asma" ta kemis wata aba ce daban

Wannan gargaɗi nake so ya fi komai zama a zuciyar mai karatu. In wani ya ce maka yana da allurar asma ta 'yan dubbai, wadda in an yi maka za ka yi wata guda lafiya, ba bayolojik ba ce. Kusan ko da yaushe sitiroyid ne, dexamethasone ko triamcinolone. Za ka ji daɗi kuwa, ƙirji ya buɗe, cin abinci ya ƙaru, fuska ta ciko, 'yan uwa su ce ka murmure. Wannan cikowar ita ce dai ta ƙwayoyin da ake kira sha-ka-fashe. Bayan watanni ko shekaru sai ciwon suga da hawan jini da yanar ido da ƙashi mai saurin karyewa su biyo baya, tarin fuka da ke kwance kuma ya samu ƙofa.

Sitiroyid na baki yana da wurinsa. Kwana biyar zuwa bakwai na prednisolone lokacin da asma ta tashi sosai yana ceton rai. Matsalar ita ce mayar da shi abincin kullum. Wanda kuma ya riga ya daɗe a kansa kada ya yanke rana ɗaya, domin jikinsa ya daina ƙera nasa, yankewar tana iya kashe shi. Likita ne zai riƙa rage masa kaɗan-kaɗan.

Abin da ke kusa da hannu

Tun 2019, ƙungiyar GINA mai tsara ƙa'idojin maganin asma a duniya ta daina amincewa a bar baligi ko matashi da shuɗiyar inhela ita kaɗai. Wanda ke ƙarar da uku ko fiye a shekara yana cikin haɗarin mummunan tashi, wanda ke ƙarar da ɗaya duk wata kuwa haɗarin mutuwa ne. Abin da ta fi so yanzu shi ne inhela ɗaya mai haɗe da budesonide da formoterol, wadda ke buɗe ƙirji ta kuma kwantar da kumburi a shaƙa ɗaya. Tana cikin jerin muhimman magunguna na Hukumar Lafiya ta Duniya.

Yadda ake shaƙar ma rabin magani ne. Da yawa suna fesa inhela a harshe su haɗiye. A 1999 Farfesa Heather Zar da abokan aikinta a Cape Town suka nuna cewa gorar roba mai rabin lita, in aka huda gindinta daidai bakin inhela aka toshe gefen, yaro ya sa bakin gorar a bakinsa, tana aiki kamar na'urar da ake sayarwa don haka. Fesa ɗaya, numfashi huɗu zuwa biyar a hankali. Bayan inhelar sitiroyid a kuskure baki. Da azumi, inhelar kariya ta safe da yamma tana iya komawa sahur da bayan shan ruwa, babu dalilin ajiye ta wata guda.

A rage hayaƙi gwargwadon iko: girki a fili maimakon cikin ɗaki, a nisanta mai asma da turaren wuta da maganin sauro mai hayaƙi a koma gidan sauro, a sa takunkumi wajen sussuka da injin niƙa. In kuwa mutum ya kasa ƙarasa magana saboda haki, ko shuɗiyar inhela ta daina yi masa aiki, ko ya fara gyangyaɗi, a ci gaba da fesa masa ana kan hanyar asibiti, kada a jira gari ya waye.

Abin da ya rage wa hukuma

A watan Agustan 2023, kamfanin GSK, mai inhelar Ventolin da ta Seretide, kuma mai Nucala, ya sanar da daina sayar da magungunansa kai tsaye a Najeriya. Abin ya haɗu da faɗuwar naira, farashin inhela ya yi tashin gwauron zabo, mutane da yawa suka koma ƙwayoyin salbutamol da prednisolone masu arha. Ƙasar da ke wannan hali, maganar bayolojik ba ita ce ta farko ba.

Finland ta gudanar da shirin asma na ƙasa daga 1994 zuwa 2004, kafin waɗannan allurai su yaɗu. Ta horar da likitoci da ma'aikatan jinya na ƙananan asibitoci, ta sa ana fara inhelar sitiroyid da wuri, kwanakin kwanciya a asibiti saboda asma suka ragu da fiye da rabi. Babu abin da ke cikin wannan da ya fi ƙarfin Kano. Hukumar taimakekeniyar lafiya ta jiha, KSCHMA, da ta tarayya, NHIA, suna iya tabbatar da cewa inhelar kariya tana cikin abin da ake bayarwa kuma tana nan a kan kanta a Kiru da Bebeji da Tudun Wada da Doguwa, ba a takarda kawai ba. Sifirometa ɗaya da ma'aikaci ɗaya da ya iya ta a kowane babban asibitin ƙaramar hukuma zai rage wa mutane zuwa birni.

Ban ce a manta da 'yan kaɗan ɗin da allurar ce kaɗai mafitarsu ba. Ko kashi 3 cikin 100 na miliyan 13 mutum ne kusan 400,000, kuma a yau sitiroyid ne ke cin jikin da yawa daga cikinsu. Asibitin Malam Aminu Kano da na Shika suna iya buɗe rajistar masu asma mai tsanani tun yanzu, a san su waye, wane irin kumburi ke gare su, nawa ne suka dogara da prednisolone. Jami'ar Bayero da ta Ahmadu Bello kuma suna da ɗalibai da ɗakunan gwajin da za su auna eyosinofil da IgE na masu asma a garuruwan bakin Tiga, kafin a ba su maganin tsutsa da bayan an ba su, domin a san ko lambar 150 da 300 da aka tsayar a Turai da Amurka tana da ma'ana a jinin manomin Bebeji.